Farhat Abbas: Daga Ƙungiyar Ɗalibai Zuwa Shugabancin Gwamnatin Aljeriya

A makon da aka fara liƙa fastocin 'yan takarar ƙungiyar ɗalibai a bangon masauki, wani abokina da muke ɗaki ɗaya ya ce da ni shi fa bai ga amfanin wannan hayaniya ba, tunda da wanda ya ci da wanda ya faɗi duk difloma za su karɓa kowa ya kama gabansa. A lokacin ban ba shi amsa ba. To ga amsar tawa yau, kuma tarihin wani mutum ne da ya fara da shugabancin ƙungiyar ɗalibai irin tamu, daga baya ya shugabanci gwamnatin wucin-gadi da ta ja ragamar yaƙin ƙwatar 'yancin Aljeriya. Sunansa Farhat Abbas, sana'arsa haɗa magani.

Yawancinmu idan aka ce Aljeriya, Ben Bella muke tunawa, ko Bumadiyan, ko kuma ƙwallon ƙafa. Shi Abbas ba a cika ambatonsa ba. Bai taɓa riƙe bindiga a daji ba, bai yi juyin mulki ba. Amma Faransawa sun tsare shi sau biyu, 'yan ƙasarsa ma bayan an sami 'yanci sun tsare shi sau biyu, kuma in ka duba da kyau dalilin kusan ɗaya ne. Wannan shi ya sa na ga ya cancanci mu san shi.

Ɗan hakimi a ƙasar da aka mamaye

An haifi Farhat Abbas ranar 24 ga Agusta, 1899, a wani ƙauye kusa da garin Tahir, a yankin Jijel da ke gabashin Aljeriya. Lokacin Faransa ta yi kusan shekara 70 a ƙasar, don tun 1830 ta shigo. Mulkin mallakar Aljeriya ya sha bamban da irin wanda muka karanta a kan ƙasarmu. Can Turawa zama suka zo yi da iyalansu. Sun karɓe gonaki mafi albarka, sun gina garuruwansu, kuma tun 1848 aka ayyana arewacin ƙasar a matsayin wani yanki na Faransa kanta.

Sai dai ƙasar ce ta zama Faransa, mutanenta ba su zama ba. Musulmin Aljeriya talakan Faransa ne kawai, ba cikakken ɗan ƙasa ba. Wata doka ta 1865 ta ce in yana son zama ɗan ƙasa sai ya rabu da hukuncin shari'ar Musulunci a kan aure da gado, abin da mutane ƙalilan ne suka yarda da shi. Ga kuma dokar 'yan ƙasa ta 1881, wadda ta ba jami'in mulki ikon ci wa mutum tara ko tsare shi ba tare da zuwa kotu ba, a kan laifuffuka irin su tafiya ba takardar izini ko nuna rashin ladabi ga ma'aikacin gwamnati.

Mahaifin Abbas ƙa'idi ne, wato kamar hakimin da Faransawa suka naɗa. Wannan matsayi ya buɗe wa yaron ƙofar makarantar Faransawa, wadda ƙalilan daga 'ya'yan Musulmi ke samu. Ya yi karatu a garin da yanzu ake kira Sikikda da kuma Kusantina, ya yi aikin soja na dole a sashen kiwon lafiya a farkon shekarun 1920, sannan ya shiga Jami'ar Aljiyas ya karanci ilimin haɗa magunguna. Karatun ya bar masa alama har ƙarshen rayuwarsa: Faransancinsa ya fi Larabcinsa ƙarfi, kuma abokan hamayya sun sha yi masa gori da haka.

Shugaban ɗalibai

A jami'ar, ɗalibai Musulmi 'yan tsiraru ne a cikin 'ya'yan Turawa. Suna da ƙungiyarsu ta ɗaliban Musulmin Afirka ta Arewa, kuma Abbas ya shugabance ta daga 1927 zuwa 1931. A nan ya koyi abubuwan da ya rayu da su: yadda ake jagorantar taro, yadda ake rubuta takardar koke, yadda ake tsayawa gaban hukuma a faɗi magana ba zagi kuma ba rawar murya. Yana rubutu a jaridu da sunan aro, Kamal Abenseraj, inda ya haɗa sunan Mustafa Kamal na Turkiyya da na wani tsohon gidan Musulmin Andalus.

A 1930 Faransa ta yi gagarumin biki na cika shekara 100 da mamaye Aljeriya. Shekara guda bayan haka Abbas ya tattara rubuce-rubucensa ya fitar da littafi mai suna Matashin Aljeriya. Abin da yake nema a lokacin ba 'yancin kai ba ne. Shi dai a ba Musulmi makaranta, a ba shi ƙuri'a, a daidaita shi da Bature a gaban doka, ba tare da an tilasta masa barin addininsa ba. Ya karanta abin da Faransa ke koyarwa a aji game da 'yanci da daidaito, ya ɗauka da gaske take.

A 1933 ya buɗe kantin maganinsa a garin Satif. Ka san yadda kemis yake a gari: kowa na zuwa, kowa na kawo kukansa. Manomin da aka ƙwace wa gona da uwar da ba ta da kuɗin magani duk a nan yake ganinsu. Ba a jima ba aka zaɓe shi kansila a majalisar lardi da ta gari, yana aiki tare da ƙungiyar zaɓaɓɓun Musulmi ta yankin Kusantina, ƙarƙashin Dokta Bin Jallul.

Kuskuren 1936

A watan Fabrairun 1936 Abbas ya yi rubutun da ya bi shi har kabari. A cikin jaridar ƙungiyarsu ya yi iƙirarin cewa ya nemi wata al'umma mai suna Aljeriya a tarihi bai same ta ba, don haka makomar mutanensa tana tare da Faransa. Manufarsa ita ce ya toshe bakin Turawan da ke zarginsu da neman ɓallewa, ya nuna musu ba su da hujjar hana daidaito. Amma maganar ta yi wa mutane ciwo. Shaihu Abdulhamid Ibn Badis, shugaban ƙungiyar malaman Aljeriya, ya mayar masa da martani a mujallarsa bayan wata biyu, yana mai tabbatar da cewa al'ummar tana nan da addininta da harshenta da tarihinta, kuma ita ba Faransa ba ce.

Abin da ya ƙaryata Abbas a aikace shi ne Faransa kanta. A ƙarshen 1936 gwamnatin Léon Blum ta kawo wani ƙuduri da zai ba Musulmi kimanin 25,000, masu ilimin boko da tsofaffin sojoji da ma'aikata, cikakken matsayin ɗan ƙasa ba tare da sun bar shari'arsu ba. Mutum 25,000 fa, a cikin miliyoyi. Duk da haka Turawan Aljeriya suka tada ƙayar baya, magadan garuruwansu suka yi barazanar ajiye aiki, har ƙudurin ya mutu a 1938 ba a ko kaɗa masa ƙuri'a ba.

Ko a haka Abbas bai yanke ƙauna ba. Da yaƙin duniya na biyu ya ɓarke a 1939, da kansa ya kai kansa aikin soja a sashen magani, yana ɗan shekara 40. Bayan Jamus ta ci Faransa ya koma Satif, ya rubuta wa Marshal Pétain dogon rahoto a 1941 a kan gyaran da ƙasar ke buƙata. Babu abin da ya biyo baya.

Takardar 1943 da jinin Satif

A watan Nuwamban 1942 sojojin Amurka da Ingila suka sauka a Aljeriya. Mutane suka ga da idonsu cewa Faransa ba ita ce ƙarshen ƙarfi a duniya ba. Abbas ya gana da wakilin Amurka, Robert Murphy, sannan a ranar 10 ga Fabrairu, 1943, ya kammala takardar da aka sani da Bayanin Al'ummar Aljeriya. Mutumin da shekara bakwai baya ya ce bai ga al'umma ba, yanzu da sunanta yake magana. Takardar ta nemi a kawo ƙarshen mulkin mallaka, a ba ƙasar kundin tsarin mulkinta, a mai da Larabci harshen hukuma tare da Faransanci, a yi gyaran rabon gonaki, a ba yara maza da mata ilimi kyauta, a saki fursunonin siyasa.

Hukuma ta karɓi takardar, daga baya sabon gwamna, Janar Catroux, ya yi watsi da ita, ya kuma yi wa Abbas ɗaurin talala na 'yan watanni. A watan Maris na 1944 Janar De Gaulle ya ba wasu dubban Musulmi matsayin ɗan ƙasa, wato kusan abin da aka hana a 1938. Amma ihu ne bayan hari. Mako guda bayan haka Abbas ya kafa ƙungiyar Masoya Bayani da 'Yanci a Satif, ta haɗa mutanensa da malamai da magoya bayan Masali Hajj, jagoran masu neman cikakken 'yanci. Jama'a suka yi ta tururuwar shiga, har mutanen Masali suka fi rinjaye a cikinta.

Ranar Talata 8 ga Mayu, 1945, ranar da Turai ke murnar faɗuwar Jamus, ranar kasuwa ce a Satif. Musulmi suka fito jerin gwano, wasu ɗauke da tutar Aljeriya da aka haramta. 'Yan sanda suka harbe wani matashi ɗan sikawut mai suna Buzid Sa'al da ke riƙe da tutar. Gari ya rikice, rikicin ya bazu ƙauyuka, aka kashe Turawa kimanin 100. Ramuwar da ta biyo baya ta ɗauki makonni: sojoji, jiragen sama, jirgin ruwan yaƙi yana luguden wuta daga teku, ga 'yan bangar Turawa a garin Galma suna kwasar mutane suna harbewa. Hukumomin Faransa sun ce an kashe kimanin 1,500, 'yan kishin ƙasa suka ce 45,000. Alƙaluman masana tarihi suna tsakanin waɗannan biyu, kuma duk dubbai ne.

Shi Abbas a ranar ba ya ma Satif. Yana Aljiyas, ya je ofishin gwamna don ya taya hukuma murnar nasarar yaƙi. A nan aka kama shi. Aka rushe ƙungiyarsa, ya zauna a tsare har watan Maris na 1946.

Akwatin zaɓe

Wani in ya fito daga irin wannan, daji zai nufa. Abbas ya sake komawa ga ƙuri'a. Ya kafa sabuwar jam'iyya, UDMA, kuma a zaɓen watan Yunin 1946 ta ci kujeru 11 daga cikin 13 da aka ware wa Musulmin Aljeriya a majalisar tsara kundin mulkin Faransa. Ya je Paris ya gabatar da shawarar a kafa jamhuriyar Aljeriya mai cin gashin kanta, mai haɗin gwiwa da Faransa, inda Bature da Musulmi za su zama 'yan ƙasa ɗaya. Majalisa ba ta ko tsaya tattauna ta yadda ya kamata ba.

Abin da aka bayar a 1947 shi ne majalisar Aljeriya mai kujeru 120, an raba ta gida biyu. Kujeru 60 na Turawa ne, waɗanda ba su kai miliyan ɗaya ba, tare da 'yan Musulmin da aka ba matsayin ɗan ƙasa. Sauran 60 na ragowar Musulmi ne, kusan miliyan takwas. Rabon kura ke nan tun daga tushe. Amma ko wannan ɗin ba a bari ya yi aiki ba. A zaɓen watan Afrilun 1948, ƙarƙashin gwamna Naegelen, aka kama 'yan takara, aka cusa ƙuri'u a akwati, aka tsoratar da masu zaɓe. A cikin kujeru 60 na Musulmi, 'yan amshin shatan gwamnati suka tashi da 41, jam'iyyar Masali ta sami 9, ta Abbas 8. Aka maimaita irin wannan maguɗi a zaɓukan da suka biyo baya, har zaɓen Aljeriya ya zama abin ba'a a Faransa kanta.

A nan nake so 'yan'uwana ɗalibai su ɗan dakata. Waɗanda suka yi maguɗin nan sun ɗauka sun kare mulkinsu. Abin da suka yi a zahiri shi ne sun kashe kasuwar mutane irin su Abbas. Matashin da aka ce masa ya yi haƙuri ya bi ta akwati, ya ga an sace akwatin sau ɗaya, sau biyu, sau uku, me za ka sake gaya masa? Ranar 1 ga Nuwamba, 1954, wasu matasa da suka ɓalle daga jam'iyyar Masali suka kai hare-hare a wurare da dama a dare ɗaya, da sunan wata sabuwar ƙungiya, FLN. Yaƙi ya fara.

Daga Satif zuwa Alƙahira

Abbas bai rungumi yaƙin nan take ba. Ya ci gaba da neman a yi sulhu, yana kuma ganawa a ɓoye da Aban Ramdan, ɗaya daga cikin masu tsara siyasar FLN. A ranar 20 ga Agusta, 1955, lokacin wani babban hari a yankin Kusantina, mayaƙan FLN suka kashe ɗan ɗan'uwansa, Allawa Abbas, wanda shi ma mai haɗa magani ne kuma kansila, saboda ya soki zubar da jini. Sojojin Faransa kuwa suka rama harin a kan dubban fararen hula. Tsakiyar da Abbas ya tsaya a kai shekara 30 ta ƙare, ba sauran wurin sa ƙafa.

A watan Afrilun 1956 ya isa Alƙahira ya shelanta wa duniya cewa ya shiga FLN. Labarin ya girgiza Faransa. Tun farkon yaƙin take cewa 'yan ta'adda ne ƙalilan marasa goyon baya. To ga mutumin da ta fi sani da sassauci, mai kwat da lakataye, mai auren Bafaransa, ya koma wajensu. FLN ta san darajar wannan. Ta tura shi ƙasashen Larabawa da Turai da Latin Amurka yana bayyana matsayinta. Ranar 19 ga Satumba, 1958, aka ayyana Gwamnatin Wucin-gadi ta Jamhuriyar Aljeriya a Alƙahira, Farhat Abbas ne shugabanta na farko. Daga baya mazauninta ya koma Tunis.

Gwamnati ce marar ƙasa a hannu, amma ta yi aiki. Ƙasashen Larabawa da Sin suka amince da ita tun da wuri. A 1960 Abbas ya ziyarci Beijin da Mosko. A watan Satumban 1959 De Gaulle ya yarda a bainar jama'a cewa 'yan Aljeriya ne za su zaɓi makomarsu. A watan Disamban 1960 dubban mutane suka cika titunan Aljiyas da tutoci suna kiran sunan Abbas, kuma a watan ne Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da haƙƙinsu na zaɓar makomarsu. Wani babban abin da ya riƙe tattaunawa shi ne Sahara, don Faransa na so ta raba ta da Aljeriya saboda man fetur da kuma filin gwajin bam ɗin nukiliya da ta buɗe a Raggan a 1960. Wannan gwaji ne ya sa gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa ta kori jakadan Faransa daga Legas a watan Janairun 1961. Gwamnatin Abbas ta ƙi yarda a taɓa Sahara.

Sai dai gaskiya ɗaya ce: Abbas fuska ne, ƙarfin yana wani wuri. Masu iko na ainihi su ne shugabannin mayaƙa uku, Karim Balƙasim da Busuf da Bin Tubbal. Tun a watan Disamban 1957 wasu daga cikin jagororin suka sa aka kashe Aban Ramdan a Maroko, aka sanar wa duniya cewa a fagen fama ya faɗi. Abbas ya san abin da ya faru, ya haɗiye, ya ci gaba da zama da su don kada tafiyar ta watse. A watan Agustan 1961 aka sauke shi aka ɗora Bin Yusuf Bin Khadda, wanda shi ma mai haɗa magani ne. Don haka ba a zamaninsa aka sa hannu a yarjejeniyar Ebiyan ta watan Maris na 1962 ba.

An gudu ba a tsira ba

Aljeriya ta sami 'yanci a watan Yulin 1962, bayan yaƙin sama da shekara bakwai. Tun ba a gama murna ba jagorori suka rabu biyu. Ga gwamnatin wucin-gadi a gefe guda, ga Ahmad Ben Bella da rundunar kan iyaka ta Kanar Huwari Bumadiyan a ɗaya gefen. A nan Abbas ya yi kuskurensa na biyu. Ya bi Ben Bella zuwa Tilimsan, ya ara wa ɓangaren masu bindiga mutuncinsa. Da yawa suna ganin haushin sauke shi da aka yi yana cikin dalilan. Rundunar ta nufi Aljiyas da ƙarfi, 'yan'uwa suka harbi juna, har talakawa suka fito titi suna roƙon a bar su haka, shekara bakwai ta isa.

A watan Satumban 1962 aka zaɓi majalisar tsara kundin mulki. Jerin 'yan takara ɗaya ne tak, mai zaɓe ba shi da wani zaɓi. Abbas ya zama shugaban majalisar, kuma shi ne ya ayyana kafuwar jamhuriya ranar 25 ga watan. Yana fatan majalisar za ta rubuta kundin da zai ba da damar jam'iyyu da yawa, ya sa gwamnati ƙarƙashin idon wakilan jama'a. Sai ga shi a ƙarshen watan Yulin 1963 an tara jami'an jam'iyya a wani gidan silima a Aljiyas, an karanta musu kundin da aka rubuta a wajen majalisa, sun amince. Kundin ya mai da FLN jam'iyya ɗaya tilo, ya tara iko a hannun shugaban ƙasa. Aikin majalisa kawai ta buga hatimi.

A watan Agusta Abbas ya ajiye muƙaminsa, ya rubuta wa 'yan majalisa dalilansa. Ka tuna fa, yana cikin manyan mutane biyu ko uku a ƙasar, yana dab da cika shekara 64, ga gida ga mota ga girma. Da ya yi shiru ba mai cewa komai. Aka kore shi daga jam'iyya. Kundin da aka yi wannan rigima a kansa kuwa bai yi wata guda yana aiki ba, a farkon Oktoba Ben Bella ya jingine shi ya karɓi ikon gaggawa. A 1964 aka kama Abbas aka kai shi Adrar, can cikin Sahara. Yankin Tuwat ke nan, inda kabarin Shaihu Al-Maghili yake, malamin da ya zo Kano zamanin Sarki Muhammadu Rumfa. An sake shi a 1965, kuma ba a jima ba, ranar 19 ga Yuni, Bumadiyan ya kifar da Ben Bella.

Abbas ya koma gefe shekara goma. A watan Maris na 1976, lokacin da Bumadiyan ke shirin kawo sabuwar yarjejeniyar ƙasa, sai ya sake fitowa. Shi da Bin Khadda, mutumin da ya gaje shi a 1961, da wasu dattawa biyu suka fitar da kira ga al'umma. Sun soki mulkin mutum ɗaya, sun nemi a zaɓi majalisa ta gaskiya, sun kuma yi gargaɗi a kan faɗa da maƙwabciyarsu Maroko. Aka sake yi masa ɗaurin talala yana ɗan shekara 76, bai sami sakewa ba sai wajen ƙarshen shekarun 1970. Da ya fito ya koma ga alƙalami. A 1980 ya fitar da littafi a kan yaƙin, a 1984 kuma wani mai suna 'Yancin da Aka Ƙwace. A wannan shekarar gwamnatin Shazali Bin Jadid ta ba shi lambar girma. Ya rasu a Aljiyas ranar 24 ga Disamba, 1985, yana da shekara 86, aka binne shi a maƙabartar Al-Aliya, a sashen shahidai. A watan Oktoban 1988 matasa suka cika tituna da bore, a 1989 aka yi sabon kundi da ya halatta jam'iyyu da yawa. Yau jami'ar Satif da filin jirgin saman Jijel suna ɗauke da sunansa.

Abin da ya rage mana

Ban kawo Abbas a matsayin waliyyi ba. Ya yi kuskure a 1936, ya yi shiru a kan kisan Aban, ya taimaka wa masu bindiga a 1962, kuma shi kansa ta jerin 'yan takara ɗaya ya shiga majalisar da ya bari. Abin da ya burge ni shi ne duk lokacin da ya gane ya kauce, a fili yake dawowa, da sunansa da sa hannunsa, kuma ya biya kuɗin dawowar. Ma'auninsa bai canja ba ko da wanda ake aunawa ya canja. Da Faransa ta sace akwati ya ce sata ce. Da abokan gwagwarmayarsa suka rubuta kundi a gidan silima, bai ce ai namu ne ba.

A nan ne mu ɗalibai muke yawan faɗuwa. Idan hukumar makaranta ta yi mana ba daidai ba, kowa na da baki. Amma idan ɗan sashenmu ko ɗan garinmu ne ya ci zaɓe ta hanyar da muka san ba ta da tsabta, ko ya kashe kuɗin ƙungiya ba bayani, sai mu ce a rufa wa juna asiri. Wallahi daga irin wannan ake farawa. Mutumin da ya saba kiran taron majalisar ɗalibai bayan an riga an gama yanke shawara a ɗakin wani, ba zai canja hali don an ba shi ƙaramar hukuma ba.

Ni dai saura 'yan watanni in miƙa firojet in bar makarantar nan. Ku da za ku zaɓa ko a zaɓe ku a wannan zango, ku karanta kundin ƙungiyar, ku tsaya a ƙirga ƙuri'a a gabanku, ku nemi bayanin kuɗi ko da shugaban abokinku ne. Shi kuma abokina na ɗaki, da ya ce duk difloma ɗaya za mu karɓa, gaskiyarsa ce. Abbas ma takardar haɗa magani kawai jami'a ta ba shi. Yadda ake jan taro da yadda ake cewa a'a, a ƙungiyar ɗalibai ya koya.

Allah ya jiƙansa, mu kuma ya ba mu shugabanni nagari.